Mai Ɗakin Biki Ya Karɓi Kuɗi Ya Yi Shiru

 A wannan mako zan tsaya a kan wata matsala wadda a da ba mu san ta ba a ƙasar Bagudo, amma yanzu ta fara shigo mana gida, watau hayar wurin biki. Sai ki ga uwar amarya ta kai kuɗi an karɓa, an sa rana, an raba goro da kati, amma da biki ya matso sai mai wurin ya ɗauke ƙafa. In an buga waya ba ya ɗauka, in an aiki yaro a ce masa ya fita.

Abin ya faru a gidanmu, shi ya sa nake faɗa da ƙarfi. Da za a aurar da ƙanwata, ƙawayenta suka dage sai an yi wuni a ɗakin taro kamar yadda suke gani ana yi a Birnin Kebbi. Goggonmu ta sayar da shinkafarta, ta tura kuɗin gaba ɗaya ta waya zuwa ga wani saurayi mai lura da wurin, ba rasit ba shaida. Saura mako biyu muka nemi sanin yawan kujerun da za a ba mu, shiru. Kwana biyar muna bugu. Alhali kuwa dangin ango ta wajen uwa mutanen Segbana ne, can cikin Jumhuriyar Benin, kuma tuni an aika musu da rana.

To, me ya kawo haka? Ki tuna yadda iyayenmu suka yi. Biki a gida ake yinsa. A kafa rumfa a ƙofar gida, a aro tabarmi da tukwane daga maƙwabta, baƙi su sauka gidan kawu ko gidan inna. Wadda ta ara miki tukunya ba za ta ɓuya miki ba, domin gobe za ku haɗu a rijiya ko wajen suna, kuma ita ma tana da 'ya'ya mata. Kunya ce ke riƙe da alkawarin. Mai ɗakin taro kuwa ɗan kasuwa ne. Ba ya jiran ki rama masa biki, kuma wataƙila in an gama ba za ku sake haɗuwa ba. Abin da ke riƙe da irinsa takarda ce da shaida. Mu kuwa mun shiga sabon ciniki da tsohon hali, mun miƙa masa kuɗi kamar yadda za mu miƙa wa ƙanwar uwarmu.

Sa'an nan ga tsadar kaya. Tun ran 29 ga Mayu 1999 ake rantsar da shugabanni a irin wannan rana, amma ta 2023 ce ba za mu manta ba, domin a ranar aka ce an janye tallafin man fetur. Litar da ake saye ƙasa da naira 200 ta haura 500 cikin 'yan kwanaki, kafin ƙarshen 2024 ta wuce 1,000. Ɗakin taro kuwa ba ya tafiya sai da janareta, ga fanka, ga lasifika, ga fitilu. Wanda ya yi ciniki da ke wata uku baya, in ya ga kuɗin ba za su fitar da shi ba, yana jin nauyin ya ce ki ƙara, kuma ba ya son ya mayar miki da naki, wataƙila ma ya riga ya kashe. Sai ya zaɓi shiru. Wani kuma ba asara yake gudu ba, wanda ya fi ki biya ya samu. Bukukuwanmu a cunkushe suke: bayan kaka in an sami kuɗin amfanin gona, da watan Sha'aban kafin azumi, da bayan Salla, kuma kowa Juma'a da Asabar yake so. In aka zo shekarar zaɓe, kamar yadda muka gani gab da na 2023, 'yan siyasa ma wurin taro suke nema, kuma ba sa tayawa. Ina uwar amarya mai kuɗin adashi za ta ja da su?

Ba na cewa duk wanda bai ɗauki waya ba macuci ne. Mu da ke bakin iyaka mun san halin layinmu. A wasu ƙauyukan wayarki sai ta saki layin Nijeriya ta kama na Benin, ga rashin wutar caji. Saboda haka shirun kwana ɗaya ko biyu ba abin tada hankali ba ne. Amma mutumin da ya amsa miki nan take ranar da za ki biya, in ya kwana huɗu bai neme ki ba, ai ya ba ki amsa.

Abin da ya sa matsalar ta fi yi mana ciwo a nan shi ne ranar bikinmu ba ta ɗaguwa da sauƙi. Mutanen Lolo da Illo da Tsamiya da Kaoje suna da dangi a ƙetare, Dandawa da Zabarmawa da Fulani da Hausawa, tun kafin Turawan Ingila da na Faransa su ja layi a tsakani. Tsohuwar da za ta taso daga Segbana ko Malanbil ta riga ta canja sefarta, ta yi cinikin mai babur, ta bar wa wani jikokinta. Kun kuma tuna yadda zumunci ya sha wuya da aka rufe iyakokin ƙasa a watan Agusta na 2019. Wanda ya ratso shingayen hanya don ya zo miki, ba kya ce masa ya koma sai mako mai zuwa. Mai wurin ya san haka sarai. Ya san in ya ɓullo ana gobe biki ya ce sai an ƙara, za a ƙara.

To 'yar'uwa, in ya yi miki shiru, ki ajiye wayar nan. Kowace rana da kika ɓata kina bugu, shi ta ƙara wa ƙarfi. Ki sa maigida ko wan amarya ya taka da ƙafarsa, tare da dattijo guda wanda ake jin nauyinsa a gari, su nemi mai wurin kansa, ba yaronsa ba. Ba faɗa za su je yi ba. Tambaya ɗaya ce: ranar nan tamu ce ko ba tamu ba ce? In ya ce taku ce, ya rubuta ya sa hannu a gabansu. In ya fara kame-kame, a yanka masa wa'adi, kwana biyu sun isa, ko ya tabbatar ko ya mayar da kuɗi. Kuma tun ranar ki fara share ƙofar gidanki, ki yi magana da mai hayar rumfa da kujeru. Kada ki jira wa'adin ya cika kafin ki nemi madadi.

Akwai doka, ba wai babu ba. Dokar kare haƙƙin masu saye ta 2018 ta hana a karɓi kuɗin mutum a ƙi yi masa aikin da aka yi alkawari, har ta ba wanda ya kama wuri damar fasawa, a cire abin da ya dace kawai a mayar masa da saura. Amma hukumar da ke lura da dokar ta yi wa matar Zagga nisa. Wanda ke kusa da ke shi ne mai unguwa, da uban ƙasa, da alƙali. Su kuwa abin da za su fara tambayarki shi ne, ina shaidarki? A nan goggonmu ta faɗi. Saƙon banki yana nan a wayarta, amma sunan yaron ne a kai, mai wurin ya ce shi bai san zancen ba.

Saboda haka wadda ba ta biya ba tukuna, ta ba da kafin alƙalami kawai, cikon sai ranar da aka buɗe mata ƙofa. A rubuta rana da sa'a, da yawan kujeru, da wanda zai sayi man janareta, da abin da za a mayar in ɗaya ya fasa. Kuɗin su shiga asusun mai wurin. Kada a buga sunan wuri a kati sai rasit ya shigo hannu.

Ku kuma 'yan makaranta, da ku nake. Ni malama ce, na san kun iya rubuta wasiƙa, domin mu muka koya muku. Yawancin iyayenmu da ke zuwa wannan ciniki ba su yi boko ba. Me zai hana ki bi innarki da biro da takarda? Layi biyar ne. Kuma ku ne masu matsa wa iyaye sai an yi a ɗakin taro don hoton da za ku sa a waya. Aure dai da waliyyi da shaidu da sadaki yake ɗauruwa, ɗakin taro ƙawa ce, kuma ba na hana ku ƙawa in da hali. Amma ki tambayi kanki buhu nawa aka sayar kafin a biya ta.

Mu dai a ƙofar gida muka yi wuninmu. Maƙwabciyarmu ta buɗe mana tsakar gidanta, mutanen Segbana suka sauka a can, suka kwana biyu. Ƙawayen amarya sun ɗan ɓata rai da safe, da aka fara kiɗa suka manta. Daga baya muka ji wani taro aka yi a ɗakin a ranar tamu. Da kawunmu da mai unguwa suka yi ta sintiri, an mayar wa goggo rabin kuɗinta. Sauran rabin, har yau in an je sai a ce yaron ya yi tafiya.