Ghana: Bashin gwamnati da haƙƙin 'yan fansho

Idan dai ba a manta ba, a Disambar 2022 ne gwamnatin Ghana, wadda bashi ya yi wa katutu, ta nemi masu riƙe da takardun lamuninta su karɓi sababbi, masu ƙarancin ruwa da dogon wa'adi. Shirin ya haɗa har da asusun fansho na ma'aikata, kuma sai da ƙungiyoyin ƙwadago suka yi barazanar yajin aiki kafin aka tsame shi a lokacin.

Tsofaffin da suka sayi takardun da kuɗin sallamarsu kuwa, zaman dirshan suka yi ta yi a ƙofar ma'aikatar kuɗi a Akra cikin Fabrairun 2023, har tsohuwar Alƙalin Alƙalai, Sophia Akuffo, ta bi sahunsu. An tsame su, amma biyan ya riƙa jinkiri.

A ganinmu jinkirin nan shi ne ainihin asarar, domin hauhawar farashi ta kai kashi 54 cikin ɗari a Disambar 2022. Ɗan kasuwa a Aflao ko Bawku yana iya ƙara farashi ya bi faɗuwar sidi. Ɗan fansho ba shi da wannan damar, shi ne ke zuwa rumfunanku neman shinkafa bashi, kuma tsoho ne da ba a iya kora.