Urushalima: wace irin salama ce a cikin sunan nan?



Mu a nan arewacin Zamfara mun san suna yana ɗauke da labari. Ɗan Ƙaura Namoda zai gaya maka garinsu sunan jarumi ya ci, wato Namoda na zamanin jihadin Shehu Usmanu Ɗanfodiyo. To, Urushalima fa? Muna rera ta a waƙa, muna karanta ta kusan kowace Lahadi, amma da wuya mu tsaya mu tambayi ma'anarta.

Da Ibrananci ana cewa Yerushalayim. Sunan ya girmi Sarki Dawuda nesa ba kusa ba, domin a wasiƙun da aka tono a Amarna ta ƙasar Masar, na ƙarni na 14 kafin haihuwar Almasihu, sarkin birnin mai suna Abdi-Heba ya kira shi Urusalim. Kashi biyu ne aka haɗa. Na farko, yeru, masana da yawa suna danganta shi da aza harsashi, kalmar da Ayuba 38:6 ya mora game da dutsen kusurwar duniya. Na biyu shi ne shalem. Ba za mu ɓoye muku ba, masu binciken tarihi da dama suna ganin Kan'aniyawa ne suka raɗa wa garin sunan wani gunkinsu, Shalim. Wannan kada ya girgiza kowa. Mutanen Allah shalom suka ji a cikin sunan, Ibraniyawa 7:2 kuma ya fassara sarautar Malkisadik, sarkin Salem, da cewa sarauta ce ta salama. Ita ma salamar da muke faɗa da Hausa, da sallamar da muke yi a ƙofar gida, da sunan Sulemanu, duk jijiya ɗaya ce, tamu ta biyo ta Larabci.

Amma ga inda muke so ku tsaya. A Ibrananci wannan jijiya ba shiru take nufi ba. Tana nufin abu ya cika, ba giɓi. Daga cikinta ne aka sami shillem, wato biyan diyya. Ku buɗe Fitowa 22:1 ku gani: wanda ya saci sa ya yanka ko ya sayar, shanu biyar zai biya, tunkiya kuwa, huɗu. Kalmar biyan nan 'yar'uwar shalom ce. Wato a tunanin Shari'ar Musa, garin da aka kore wa shanu bai koma salama ba don kawai ɓarawo ya daina zuwa. Sai abin da ya fita ya dawo.

Wa zai karanta wannan a Zurmi ko Shinkafi bai ji a jikinsa ba? Mun ga sulhun da gwamnatin jiha ta yi da 'yan bindiga a 2019, mun kuma ga abin da ya biyo baya. Mun san ƙauyukan da sai sun tara kuɗi sun kai daji kafin a bar su su shiga gona ko su kwashe amfaninsu. Idan aka kwana biyu ba a ji harbi ba, sai mu ce an samu lafiya. Ba mu zargin manomin da ya biya domin 'ya'yansa su ci tuwo, ko kusa. Abin da muka ƙi shi ne a kira wannan salama. Annabi Irmiya, a sura 6 aya 14, ya tsawata wa annabawa da firistocin Urushalima ɗin nan kan haka: sun rufe miki da ɗan magani sama-sama suna shelar lafiya. Ba a daɗe ba, Babila ta rushe birnin.

Luka 19 ya haɗa abubuwan biyu a sura guda. A Yariko, Zakka shugaban masu karɓar haraji ya yi alkawarin mayar wa duk wanda ya zalunta ninki huɗu, daidai lissafin tunkiyar nan, Yesu kuwa ya ce ceto ya sauka gidansa. A ƙarshen surar Yesu ya hango Urushalima ya yi mata kuka, don ba ta gane abin da zai kawo mata salama ba, ga shi kuma tana ɗauke da ita a cikin sunanta.

Zabura 122:6 ta ce mu yi wa Urushalima addu'ar salama, za mu kuwa ci gaba da yi. Amma a taron zumunta na wannan mako, ku sa Zurmi da Shinkafi da Ƙaura a cikin addu'ar, da maƙwabtanmu Musulmi, da makiyayan da su ma aka raba su da garkensu. Ku roƙa a dawo da waɗanda ke hannun masu garkuwa, a dawo da gonaki hannun masu su. Kafin nan kuma, wanda a cikinmu ya taɓa sayen rago ko waya ko babur da araha, alhali zuciyarsa ta gaya masa inda kayan ya fito, ya zo ya same mu bayan sujada mu duba yadda za a mayar.