Sharhi: Gauraka Na Bukatar Binciken Haɗin Gwiwa Kan Muhalli, Lafiya da Zaman Jama'a

A cikin watan Yulin 2023, Ma'aikatar Aikin Gona ta Tarayya ta ba da sanarwar ɓullar cutar saifa, wadda likitocin dabbobi ke kira antiraks, a wata gonar kiwon shanu da tumaki da awaki da ke Gajiri, a bakin babbar hanyar Abuja zuwa Kaduna, cikin Ƙaramar Hukumar Suleja ta Jihar Neja. Cibiyar Binciken Cututtukan Dabbobi ta Ƙasa da ke Vom a Jihar Filato ita ce ta tabbatar da cutar bayan ta auna samfurin da aka aika mata. Kafin wannan lokaci da 'yan makonni, ma'aikatar ta riga ta gargaɗi jama'a game da cin ganda, saboda labarin ɓullar cutar a arewacin ƙasar Ghana. Garin Gauraka yana kan wannan hanya ce, cikin jerin garuruwan da suka kewaye Suleja, inda dabbobi da mutane da kaya ke kai da kawowa dare da rana.

Wannan al'amari ya tayar da wata tambaya da ta cancanci a tsaya a kanta, wato a hannun wane ne maganin irin wannan matsala yake. Likitan dabbobi shi ne zai gane cutar, ya yi wa garke allurar rigakafi. Likitan mutane shi ne zai duba mahautan da suka taɓa nama ko fata. Amma ƙwayar cutar tana iya kwanciya cikin ƙasa shekaru aru-aru ba tare da ta mutu ba, saboda haka sai an nemi masanin ƙasa da ruwa ya faɗi inda ya kamata a binne mushe da inda ambaliya za ta iya kwashe ƙwayar ta kai. Bayan waɗannan duka akwai makiyayin da ya ga saniyarsa ta kwanta, ya yi maza ya sa mata wuƙa don kada ta mutu mushe ya yi asarar jarinsa. Babu allurar da za ta hana shi yin haka. Sai masanin tattalin arziki ya lissafta diyyar da za ta sa ya gwammace ya kai rahoto, masanin zamantakewa kuma ya gano ta bakin wa zai karɓi shawarar, ko sarkin fawa, ko arɗo, ko limamin unguwa.

Abin da wannan sharhi ke nufi shi ne, matsalolin muhalli da lafiya da zaman jama'a a Gauraka da maƙwabtanta a ɗaure suke da juna, kuma duk kuɗin binciken da aka kashe a kan ɗaya daga cikinsu ita kaɗai, ba za a ga ribar da ake tsammani ba. Lokaci ya yi da za a ware kuɗi domin binciken da zai tara masana fannoni dabam-dabam a kan tambaya guda, a wuri guda, na tsawon shekaru.

Tarihin yankin ya nuna dalili. Garin Suleja shi ne asalin Abuja, wanda Sarki Abu Ja na gidan sarautar Haɓen Zazzau ya kafa a 1828. Da aka ƙirƙiro Babban Birnin Tarayya a 1976, sai sabon birnin ya ɗauki sunan, tsohon garin kuma aka raɗa masa sunan Sarki Sulaimanu Barau. Tun daga ranar 12 ga Disamban 1991 da gwamnati ta ƙaura daga Legas, tsadar haya a cikin birni ta riƙa tura ƙananan ma'aikata da 'yan kasuwa da masu sana'ar hannu zuwa Suleja da Madalla da Gauraka da Sabon Wuse. Rushe-rushen gine-ginen da aka yi a Abuja tsakanin 2003 da 2007 ya ƙara yawan masu ƙaura. Gonakin Gwarawa da sauran mazauna na asali suka zama filoti, gidaje suka tashi kafin a shata hanya ko a gina magudanar ruwa. Dubban mutane suna yini a Abuja suna bauta wa tattalin arzikinta, amma a Jihar Neja suke kwana, a nan suke shan ruwa, a nan suke zubar da shara, a nan kuma suke jinya idan ciwo ya kama su. Rabon da a yi ƙidayar jama'a a Nijeriya tun 2006, wanda ke nufin cewa ƙananan hukumomin Suleja da Tafa suna tsara ayyukansu bisa alƙaluman da zamani ya daɗe da wucewa.

Misali na farko shi ne ruwan sha. A unguwannin da famfon gwamnati bai kai ba, magidanta sun dogara ga rijiyoyi da rijiyoyin burtsatse da 'yan garuwa. Masana tsabtar muhalli sun saba ba da shawarar a bar tazarar kimanin mita 30 tsakanin masai da rijiya, amma wanda ya sayi ɗan ƙaramin fili ya gina ɗakunan haya a kansa ba shi da wannan sarari, maƙwabcinsa ma haka. Idan damina ta faɗi, ruwan ƙarƙashin ƙasa ya taso, ƙazanta tana iya tsiyaya daga wannan rami zuwa wancan. A shekarar 2021 Hukumar Daƙile Cututtuka ta Nijeriya ta lissafta fiye da mutum 100,000 da ake zaton sun kamu da kwalara a faɗin ƙasar, fiye da 3,000 daga cikinsu suka rasu. Mai auna ruwa a ɗakin gwaji zai iya faɗin yawan ƙwayoyin cuta a cikin kwalba, amma sakamakonsa ba zai bayyana dalilin da ya sa uwargida ta zaɓi wannan rijiya ta bar waccan ba, ko nawa farashin jarka ke ci daga albashin maigida, ko wane ne ya sayar da filin da ke kan hanyar ruwa. Idan ba a amsa waɗannan ba, rahoton zai ƙare a cikin durowa.

Misali na biyu shi ne makamashin girki. Tun bayan cire tallafin man fetur a ranar 29 ga Mayun 2023 da tsadar rayuwar da ta biyo baya, iyalai da dama sun koma ga gawayi da itace, kuma duk matafiyi a hanyar Kaduna ya san buhunan gawayin da ake jerawa a bakin titi. Sana'a ce da ke ciyar da gidaje masu yawa, amma tana cin dazuzzuka, ƙasar da aka tsiraita kuma tana saurin zaizayewa, ta cike rafuka, ta kawo ambaliya. Hayaƙin kuma yana shiga ƙirjin mata da ƙananan yara. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta cewa gurɓatacciyar iskar cikin gida ta yi sanadin mutuwar mutum kimanin miliyan 3.2 a duniya a shekarar 2020. Jami'in gandun daji zai ce a hana sare itace, likita zai ce a daina girki da shi, ɗan kasuwa zai tambaya da me za a maye gurbinsa kuma a kan nawa. Kowannensu yana da gaskiya, amma sai an zaunar da su tare kafin a sami shawarar da talaka zai iya bi.

Arewacin Nijeriya ya riga ya biya kuɗin wannan darasi da rayukan yara. A shekarar 2010 likitocin ƙungiyar Médecins Sans Frontières suka lura da mace-macen ƙananan yara a ƙauyukan Anka da Bukkuyum na Jihar Zamfara. Bincike ya nuna gubar dalma ce daga duwatsun zinariya da ake niƙawa a cikin gidaje, ƙurar ta bi tsakar gida da abinci da hannuwan yara. Fiye da yara 400 suka rasu. Akwai maganin da ke fitar da dalma daga jini, amma likitocin suka ga ba shi da amfani muddin yaro zai koma gidan da ƙasarsa ke cike da guba. Dole ta sa aka kawo injiniyoyin muhalli suka kankare saman ƙasar gidaje suka zuba sabuwa. Haka kuma aka gane cewa hana haƙar zinariya da baki kawai ba zai yi tasiri ba, ganin yadda farashinta ya tashi a kasuwar duniya ya kuma fi abin da gona ke bayarwa. Sai da aka shigo da sarakuna da malamai aka shawo kan mutane su fitar da niƙan daga cikin gari, aka kuma koya musu jiƙa dutse don rage ƙura. Garin Bagega ya yi jira har 2013 kafin a saki kuɗin tsabtace shi. Bayan shekara biyu, a 2015, irin wannan masifa ta auku a yankin Shikira na Ƙaramar Hukumar Rafi, a cikin Jihar Neja kanta, inda yara 28 suka rasu.

Tarihin kiwon lafiyar jama'a ma da haka ya fara. A 1854, lokacin da kwalara ta ɓarke a unguwar Soho ta birnin Landan, Likita John Snow ya zana taswirar gidajen da aka yi mutuwa, ya danganta su da famfon titin Broad. Amma wani limamin coci na unguwar, Henry Whitehead, wanda ya san mutanen gida gida, shi ne ya taimaka aka gano inda ƙazantar ta fara shiga rijiyar.

Nijeriya ba ta rasa tsari a takarda ba. A 2019 ma'aikatun lafiya da aikin gona da muhalli suka ƙaddamar da shirin da aka kira Lafiya Ɗaya na shekarun 2019 zuwa 2023, wanda ya ɗauki lafiyar mutum da ta dabba da ta muhalli a matsayin abu guda, kuma tawagar da ta je Gajiri ta ƙunshi jami'ai daga ɓangarori dabam-dabam. Sai dai irin wannan haɗuwa takan zo ne bayan annoba ta riga ta ɓulla, ta watse da zarar ƙura ta lafa. Dalilan a fili suke. Kowace ma'aikata da nata kasafin kuɗi, kowanne sashe a jami'a da nasa ma'aunin ƙarin girma, kuma malamin da ya shafe shekara uku yana aiki da mutanen wani fanni yakan ga abokansa sun wuce shi. Ga kuma iyakar da ke tsakanin Jihar Neja da Babban Birnin Tarayya, wadda ke raba alhaki a ofis, alhali ruwa da sauro da ƙwayar cuta ba su san da ita ba.

Akwai masu ganin cewa a halin ƙuncin kuɗi bincike almubazzaranci ne, gara a haƙa rijiyoyi a gina asibitoci. Wannan magana tana da nauyi, domin mai ƙishirwa ba ya shan rahoto. Amma rijiyar da aka haƙa kusa da masai, da magudanar da aka gina ba tare da sanin inda ruwa ke bi ba, da asibitin da ke yi wa yaro magani ya mai da shi ga abin da ya sa shi ciwo, duk kuɗi ne da aka zuba a kwando. Tun a 1980 Shirin Aiki na Legas ya nemi ƙasashen Afirka su kashe kashi 1 cikin 100 na arzikin da suke samarwa a kan kimiyya da bincike, kuma alƙaluman da aka wallafa sun nuna Nijeriya ba ta kai ko rabin haka ba. Ɗan abin da ake da shi ya fi cancanta a kashe shi inda zai amsa tambayoyi da yawa a lokaci guda.

Kayan aikin suna kusa. Jami'ar Fasaha ta Tarayya da ke Minna, wadda aka kafa a 1983, tana da masana tsara birane da muhalli. Jami'ar Abuja da ke Gwagwalada tana da sashen likitanci da na likitan dabbobi da asibitin koyarwa. Jami'ar Ibrahim Badamasi Babangida da ke Lapai tana da masana kimiyyar zamantakewa. Abin da ya rage shi ne asusun TETFund, wanda aka gina a kan harajin kamfanoni, ya ware wani kaso na kuɗin bincike da sharaɗin cewa ba za a ba da shi ba sai ga tawagar da ta haɗa aƙalla fannoni uku, ta kuma zaɓi gari guda kamar Gauraka ta zauna da shi shekara biyar. Aikin farko ya zama taswirar rijiyoyi da masai da juji da mayanka da hanyoyin ruwa, a ɗora ta a kan bayanan cututtukan da ƙananan asibitoci ke gani kowane wata da farashin ruwa da gawayi a kasuwa.

Wajibi ne kuma a ɗauki mutanen gari a matsayin abokan aiki. Masarautar Suleja da masu unguwanni da ƙungiyoyin mahauta da 'yan garuwa da ungozoma sun san abubuwan da takardar tambayoyi ba za ta tono ba. Ya kamata a riƙa mayar musu da sakamakon binciken da Hausa da Gwaranci, a masallaci da coci da gidan rediyo, kafin a buga shi a mujallar ƙasar waje. Gwamnatin Jihar Neja da hukumar Babban Birnin Tarayya su raba ɗawainiyar kuɗin a tsakaninsu, tun da su biyun ne ke cin moriyar waɗannan ma'aikata. Su ma kamfanonin da ma'aikatansu ke kwana a yankin suna da ruwa da tsaki, domin kowace ranar da zazzaɓi ko gudawa ta kwantar da ma'aikaci, asararta a littafinsu take faɗawa.

Gidaje na ci gaba da tashi a Gauraka kowane rani. Gyaran da za a iya yi yau da taswira da shawara, idan aka bari unguwanni suka gama cika, sai da rusau da biyan diyya za a yi shi, kuma kuɗinsa zai ninka sau da yawa.