Pali: Harshen Da Maƙwabta Suka Riƙe Wa Indiya

A watan Oktoba na 2024 gwamnatin Indiya ta sa Pali cikin jerin tsofaffin harsunanta masu daraja. Madalla da haka, amma fa an makara, kuma ba ita ce ta fi cancantar yabo ba.

Da Pali aka adana littattafan mabiya Buddha na ɗariƙar Terabada, waɗanda ake kira Tipitaka, wato "kwanduna uku". Manyan kalmomin addinin kuwa asalinsu maganar yau da kullum ce. Bhikkhu, sunan malaminsu mai gudun duniya, ma'anarsa mai bara. Kamma aiki ne kawai. Nibbana kuma mutuwar wuta ce, kamar yadda fitila ke mutuwa in mai ya ƙare. Karma da nirvana da duniya ta fi sani lafazin Sanskirit ne.

To, wa ya riƙe wannan dukiya sa'ad da addinin ya dushe a Indiya? Mutanen tsibirin Siri Lanka ne. Sun karɓi koyarwar a ƙarni na 3 kafin Miladiyya, suka yi ta haddace ta, har suka rubuta ta a ganyen kaba a ƙarni na 1 kafin Miladiyya. Bama da Tailan su ma suka kwafe ta, kowa da baƙaƙensa.

Indiya kuwa fa? A 2013 hukumarta ta cire Pali daga darussan jarrabawar ɗaukar manyan ma'aikatan gwamnati.