Ba Za Mu Tafa Wa Barnum Ba

A 2017 Amurkawa suka fito da fim suna kambama P. T. Barnum, mai yawo gari-gari da wasan nuna abubuwan al'ajabi. Mu kuwa, 'yan'uwa, ba mu manta da Joice Heth ba, baiwa baƙar fata, tsohuwa makauniya, wadda ya yi ta baje kolinta a 1835, wai shekarunta 161, wai ita ta reni George Washington. Da ta rasu a 1836 ya sa aka feɗe gawarta a bainar jama'a, kowane ɗan kallo ya biya rabin dala. Likita ya ce ba ta haura shekara 80 ba. Fim ɗin ko sunanta bai ambata ba. Wanda ya ci kasuwa da gawar baiwa, ina shi ina yabo?