Hanyar Wuta Ta Jama'a Ce, Diyya Ta Mai Gona Ce

Da sunan Allah Mai rahama Mai jinƙai. Bayan haka, ya 'yan'uwa, akwai wata mas'ala da ta daɗe tana ci wa talakawanmu tuwo a ƙwarya, wato halin da mai gona ko mai fili kan shiga idan aka zo ratsa dukiyarsa da wayar lantarki. Sau da yawa mutum sai ya wayi gari ya tarar an kafa turaku a gonarsa, an sare masa ɗorawa da mangwaro, ya kuwa yi shiru domin an ce masa aikin gwamnati ne. Mu a ganinmu, wannan shirun rashin sani ne ya haife shi.

Da farko dai, ba mu goyon bayan mai cewa waya ba za ta bi ta gonarsa ba ko ana ha-maza-ha-mata. Imam Malik ya kawo a cikin Muwaɗɗa cewa Dahhaku ɗan Khalifa ya nemi ya ja hanyar ruwa ta cikin gonar Muhammadu ɗan Maslama, shi kuwa ya ƙi, sai Sayyidina Umar (Allah ya yarda da shi) ya yi umarni a wuce da ita, tun da akwai amfani kuma babu cutarwa. Amma shi dai wannan Halifa, sa'ad da ya faɗaɗa Masallacin Harami a shekara ta 17 bayan Hijira, bai karɓi gidajen maƙwabta kyauta ba, kuɗinsu ya biya. Ashe ke nan maslahar jama'a tana buɗe hanya, amma ba ta shafe haƙƙin mai dukiya.

Dokar ƙasa ma a nan ta tsaya. Sashe na 44 na Tsarin Mulkin Nijeriya na 1999 ya yarda a shiga filin mutum a kafa turaku a ja waya, amma bisa sharaɗin a biya diyya ba tare da jinkiri ba a kan ginin da aka ɓata, da itatuwa masu amfani, da amfanin gona. Sai dai ya kamata a fahimci cewa Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta danƙa ƙasar kowace jiha amana a hannun gwamna, saboda haka abin da ake biya galibi shi ne abin da mutum ya gina ko ya shuka, ba ita ƙasar kanta ba. To, wanda bai tsaya an ƙidaya itatuwansa a gabansa ba, da me zai kafa hujja gobe?

Don haka muna kira ga kowane mai gona da ya halarci ranar ƙidaya da kansa, tare da dagaci ko mai unguwa da shaidu adilai. A rubuta kowace bishiya, da rijiya, da rumbu. Kada ya sa hannu ko ya dangwala yatsa a takardar da ba a karanta masa ba, kuma ya karɓi tasa ya adana. Idan an tauye shi, ƙofar kotu a buɗe take. Masu sarauta da ma'aikatan da diyya ke bi ta hannunsu kuwa, su ji tsoron Allah, domin gutsure kuɗin talaka cin amana ne, ko da an kira shi la'ada.

Sannan akwai haƙƙin da ke kanmu. Ƙa'idar hukuma ita ce a bar fili mai faɗin mita 50 a ƙarƙashin babban layi mai ƙarfin kilobolt 330, da mita 30 ga mai ƙarfin 132. Wanda ya karɓi diyya, sa'annan ya koma ya yanka wurin filaye ya sayar wa mabuƙata, ya ci haram, ya kuma jefa iyalan mutane cikin halaka, domin ranar da waya ta tsinke ko aka zo rusau, wanda ya saya shi zai kwana a ciki.

Muna roƙon malamanmu su riƙa bayyana wannan a wuraren karatu, musamman a karkara. Allah ya ba mu ikon bayar da haƙƙi da karɓarsa ta hanyar halal, amin.