RA'AYI: Ko ƙagaggiyar duniya tana buƙatar doka

A ce wani marubuci ya ƙago mana birni inda makaɗa ne ke riƙe da linzamin lokaci. Idan mai kalangu ya matse tsarkiya, amo ya yi sama, sai sa'o'i su riƙa gudu a duk inda kiɗan ya kai: gero ya nuna cikin mako guda, miki ya warke kafin azahar. Idan ya sassauta, amo ya yi ƙasa, sai lokaci ya riƙa jan ƙafa, nono ya kwana bakwai bai yi tsami ba. Masanan birnin suna da makaranta da littattafai da ma'auni, sun kuma raɗa wa fanninsu suna ilimin girgiza.

Babu irin wannan ilimi a duniyarmu, kuma wannan ba aibi ba ne ga labari. Aibin yana zuwa ne idan marubucin ya kasa amsa tambayoyi uku: ina iyakar wannan iko, me ake biya kafin a same shi, kuma a hannun wa yake? Aikina na kullum shi ne tace rubutu, in gano inda sakin layi na biyar ya ƙaryata na biyu. Da wannan idon nake karanta ƙagaggun labarai, kuma ra'ayina shi ne marubucin da ya ƙago kimiyya wajibi ne ya yi mata doka, ya kuma zama na farko da zai bi ta.

Tunanin haɗa girgiza da lokaci yana da tushe na gaskiya. A 1656 Christiaan Huygens na ƙasar Holan ya ƙera agogon da ke aiki da lilon wani ƙarfe mai kai da komo. Agogon batir da ke hannun yawancinmu yana ɗauke da ɗan dutsen kwaz mai girgiza sau 32,768 a kowane sakan. Tun 1967 ma'anar sakan ɗaya a duniya ita ce girgiza 9,192,631,770 ta hasken da ke da alaƙa da ƙwayar zarrar siziyam. Sai dai duk wannan auna lokaci ne. Abin da ke sauya tafiyarsa, kamar yadda Einstein ya nuna, shi ne gudu da ƙarfin jan abu mai nauyi, shi ya sa agogon taurarin GPS ke wuce na ƙasa da kusan kashi 38 cikin miliyan na sakan a kowace rana. Marubucin birnin makaɗa taki ɗaya ya ƙara, ya mai da ma'auni ya zama linzami. Ƙarya ɗaya ke nan, kuma mai karatu zai yafe ta muddin sauran abubuwa suka biyo bayanta bisa hankali.

Dokar ce ma ke haifar da labarin. Idan makaɗin da ya gaggauta nunar gero shi ma yana cikin da'irar amon, to zai tsufa kafin sa'o'insa, kowace kaka yana sayar da wani yanki na rayuwarsa. Idan sarki ya sa an rage gudun lokaci a fada, zai ga jikokin talakawansa sun yi furfura shi yana nan da ƙuruciyarsa. Nan take batun gado da bashi da zalunci ya shigo. Brandon Sanderson, marubuci ɗan Amurka, ya yi bayanin wannan a 2007, cewa gwargwadon yadda mai karatu ya fahimci sihirin labari, gwargwadon yadda marubuci zai iya warware rikici da shi.

Adabinmu ba baƙo ba ne a fagen al'ajabi. Gasar rubutu ta 1933 ta ba mu Ruwan Bagaja na Abubakar Imam da Ganɗoki na Bello Kagara, sannan a 1969 Umaru Dembo ya kai mu sararin samaniya cikin Tauraruwa Mai Wutsiya. Amma da yawa daga littattafan yaƙi da tsafi da na karanta a 'yan shekarun nan suna da lalura guda: da zarar jarumi ya shiga tsaka mai wuya, sai ga zobe ko aljani wanda ba a taɓa ambata ba ya fitar da shi. Mai karatu bai ji tsoro ba, domin ya san marubuci zai yi maguɗi.

Wani zai ce tatsuniya ba ta san doka ba, kuma ƙa'ida tana kashe daɗi. Ban yarda ba. Ko Gizo yana da iyaka: wayo gare shi, ba ƙarfi ba, kuma kwaɗayinsa ne ke kayar da shi. Yaran da ke sauraro sun san haka, shi ya sa suke dariya tun kafin ya faɗa rami.

Lamarin ya wuce nishaɗi. A kafafen sada zumunta ana tallan na'urori da sarƙoƙi da ake cewa girgizarsu na warkar da kowace cuta, an yi musu ado da kalmomin kimiyya. Matashin da ya saba tambayar labari ina iyakarsa da abin da ake biya, zai yi wa mai talla irin wannan tambaya kafin ya zaro kuɗinsa ko ya ajiye maganin asibiti.

Saboda haka kirana ga marubutanmu shi ne su ƙago duniyoyi iya son ransu, amma kafin babi na farko su zauna su rubuta wa kansu abin da ba zai taɓa yiwuwa ba a cikinsu. Masu shirya gasar rubutu da masu nazari a jami'o'i kuma su sa wannan cikin ma'aunin da suke auna labari da shi.